Tambayar da Ke Sama

Shekara talatin da ɗaya ina bayan wannan kanta,
a garin da masara ta fi mutane yawa,
nan kudancin Illinois.
Bindiga nake sayarwa,
amma biro ne ya yi mini kanta a yatsa.

Doka biyu ke zaune a shagona, ba mai biyan haya.
Ta tarayya ta ce a ga katin shaida, a cike fom,
a tura suna a bincika, a jira amsa.
Ta jiha ta gyara zama ta ce da saura:
ina katin izinin da 'yan sandanmu ke bayarwa?
Ko ka biya ma, kama hanyar gida,
sa'a saba'in da biyu,
ka kwana uku kai da zuciyarka.

Ran Talata Ardith Kolar ta turo ƙofa,
dusar ƙanƙara na narkewa a kafaɗarta.
Ita ta koya wa 'yata lissafi a aji huɗu.
Ta nuna wata baƙa, ƙarama, a cikin gilashi.
Ba ta tambayi sunanta ba,
ba ta ce in ba ta ta ji nauyi ba.
Kuɗin na cikin ambulan, a ƙirge tun daga gida.
Ai ko takalmi mutum zai saya yakan zura ƙafa.

Ta taga na hango a-kori-kura tana ta huci,
Wendell a ciki, hula ta rufe masa ido.
Garin nan kaf an san shekara huɗun da ya yi a kurkuku,
an kuma san na'urar gwamnati ba ta da mantuwa.

Na miƙa mata fom.
Suna, tsawo, garin haihuwa,
da rubutun nan nata mai tsayuwa kamar shinge.
Da ta iso layukan e ko a'a
sai ta faro daga ƙasa.
Ba ta gudu daga shari'a ba.
Ba ta shan ƙwaya.
Alƙali bai taɓa kiran sunanta ba.
Tana hawa a hankali, mataki mataki,
kamar mai tsoron ƙarshen tsani.

Can sama tambayar na zaune tana jiranta:
ke ce ainihin mai saye?

Biro ya tsaya cak.
Firjin lemo ya yi gurnani ya yi shiru.
A waje aka danna hon, sau ɗaya, gajere.

Na ce, Misis Kolar,
ƙarya a wannan layin ɗauri ce,
kuma sa hannun da ke ƙasa naki ne, ba nasa ba.
Ba ta ɗago ba. Ta ce,
ya ce wasu na nemansa.
Ya ce so yake ya yi barci, ko na dare ɗaya.

Ban da amsar wannan.
Fom ɗin ma bai bar mata wuri ba.
Akwatuna biyu ne kawai, kowanne bai kai ƙwayar wake ba,
uwa ba ta shiga ciki.

Ta daɗe. Sannan ta mayar wa biro murfinsa,
ta ajiye shi a miƙe,
yadda take ajiye alli in an tashi.
Ta ɗauki tocila a gefen kanta, dala tara,
don kada ta fita hannu rabbana.

Ko da ta sa e, da ban sayar ba.
Na gode da ta riga ni.

Motar ta jima a wurin, gilasai sun yi gumi,
ban ga komai ba sai inuwa biyu,
ɗaya na ta wurgi da hannu, ɗaya a zaune.
Wajen ƙarfe huɗu suka ja.
Ita ke tuƙi.